Zawarcin Madam Hajara

Duk unguwar da ke bayan tashar Matameye babu wanda bai san gidan Madam Hajara ba, gidan nan mai jar ƙofa da zogale ya leƙo ta kan katanga. Rabin yaran unguwar a hannunta suka faɗo duniya, domin shekara talatin ta yi tana aikin ungozoma a matarnite, asibitin haihuwa, kafin ta yi ritaya. Shekara tara ke nan da rasuwar mijinta. 'Ya'yanta maza biyu suna Kano da iyalansu, autarta Anisa tana aure a cikin gari. Ita kaɗai ce a gidan, sai tumakinta huɗu da rediyonta.

Abin da ya fi ɗaure wa mutane kai kuwa, ba ta rame ba. Sai ma wani haske da take ƙarawa.

Ranar kasuwa da hantsi tana zaune a inuwa, ta miƙe ƙafa tana ɓarar sabuwar gyaɗa, tana bin waƙar rediyo ƙasa-ƙasa, sai ta ji sallama da irin muryar nan da ba ta jiran a amsa. Yayanta ne, Alhaji Tanko, daga Ɗan Barto.

Ta shimfiɗa masa tabarma, ta kawo fura mai sanyi. Sai da ya shanye kwanon tas, ya goge gemu, sannan ya gyara zama.

"Hajara, ba gaisuwa ce ta kawo ni ba."

"Na sani, Yaya. Ran da ka zo gaisuwa ba ka sa wannan hular."

Ya harare ta. "Shekaranjiya a wurin ɗaurin aure, gaban mutane, aka ce da ni, 'Alhaji, har yanzu ƙanwarka tana zaune haka?' Na rasa inda zan sa kaina. Zawarci shekara tara! Mutum nawa na turo miki?"

"Uku."

"Me suka yi miki?"

Ta ajiye farantin gyaɗar, ta soma lissafi da yatsa. "Na farko, Malam Sadisu, ko gaisawa ba mu gama ba ya tuɓe takalmi ya nuna mini kumburin ƙafarsa. Na biyu da takardun magani ya zo zance, wai in karanta masa. Na uku kuwa tambayarsa ta farko ita ce ko ina yin allura a gida. Yaya, mutanen nan ba mata suke nema ba, asibiti suke nema wanda ya iya tuwo."

Dariya ta taso wa Alhaji Tanko, ya mayar da ita tari.

"To ke wane iri kike so? Saurayi?"

"Allah ya kiyaye, in koma raino? Ni dai wanda zai tambaye ni yadda na kwana, ya kuma tsaya ya ji amsa. Wanda in na yi shiru ba zai ce fushi nake ba. In babu irinsa, ni da gidana lafiya lau muke. Na ci abin da raina ke so, na kwanta sa'ad da na ga dama, babu mai ta da ni neman hularsa."

"Lafiya lau?" Muryarsa ta sauka. "Da daminar nan zazzaɓi ya kwantar da ke kwana biyu, babu wanda ya sani sai da kukan tumaki ya ishi maƙwabta. Da kin mutu fa? Me zan ce wa Baba ranar gobe, shi da ya damƙa mini ke?"

Ta san ba ƙarya ya yi ba.

Ya miƙe ya kaɗe rigarsa. "Alhaji Muntaka mai motocin rake zai zo bayan azahar. Matarsa ta rasu bara, mutum ne mai rufin asiri. In kin karɓe shi, falillahil hamdu. In kin kore shi kamar sauran, kasuwa mai zuwa zan zo da kamiyo, babbar motar kaya, in kwashe ki da kayanki. Ɗakin Inna yana nan a gidana, na sa an yi masa sabon daɓe."

"Yaya..."

"Na gama magana."

Bayan fitarsa ta daɗe tana kallon tsakar gidanta. Ta tuna gidan Ɗan Barto, mutum arba'in a rijiya ɗaya, in ka yi atishawa sai an tambaye ka dalili. Gyaɗar da take tauna ta ji ta zama kamar ƙasa a bakinta.

* * *

Ƙamshin turaren Alhaji Muntaka ya riga shi shigowa zaure. Ƙato ne, da babbar riga mai aiki har ciki, salula biyu a hannu. Madam Hajara ta yafa mayafi ta zauna daga gefe, ta gaishe shi da ladabi.

Ya ba ta labarin motocinsa guda biyar. Ya ba ta labarin tsadar taya. Sau huɗu yana katse zancen ya yi wa wani direba faɗa a salula. Ita dai tana cewa, "Allah sarki," tana "Haka ne."

Can sai ta ga ya cusa hannu aljihu. A ranta ta ce, to, ga ta nan.

Ƙunshin leda ya ciro, cike da kwalaye.

"Madam, duba mini nan. Wannan ja ɗin kafin abinci ake sha ko bayan abinci? Kuma kwana biyu ƙeyata na sara, ko za ki auna mini tansiyo, mu ga ko jini ne ya hau?"

Ba ta yi musu ba. Ta shiga ta ɗauko abin awo ta ɗaura masa a dantse. Jinin ya hau ƙwarai. Ta ce ya rage gishiri, ya rage faɗa da direbobi, gobe kuma ya je ya ga likita. Sai da ta naɗe kayanta sannan ta dube shi.

"Alhaji, in tambaye ka mana. Me ka gani a wurina?"

"Au, ai kowa ya yabe ki. An ce kina da tsafta, kin san abincin masu ciwon suga, hannunki kuma ba ya zafi."

"Ka san sunana?"

"Madam mana."

"Madam wa?"

Ya ɗaga hula ya sosa kai. Ya dubi rufin zaure kamar a can aka rubuta.

"Hadiza ko?"

Dariyar da take dannewa tun ɗazu ta kubce mata, har sai da ta rufe baki da gefen mayafi. Shi kuwa ya ɗauka dariyar yarda ce, ya washe baki ya miƙe.

"To madalla. Zan sa a kai goro Ɗan Barto."

"Ka kai wa Hadiza, Alhaji. Ni Hajara ban shirya ba. Allah ya ba ka lafiya, ya haɗa ka da rabonka."

Ya fita yana gunaguni, ya manta ledar maganin, sai da ta bi shi da ita har bakin mota.

* * *

Kwana biyu bayan haka tana ba tumaki harawa sai ga Anisa ta shigo ko sallamar kirki babu, ɗanta Aminu a goye, idanunta sun kumbura sun yi jajir.

"Subhanallahi! Ke da mijinki ne?"

Anisa ta girgiza kai, ta durƙushe a gabanta ta fashe da kuka.

Madam Hajara ta kwance yaron ta rungume shi, ta ja 'yarta zuwa inuwa. "Yi magana, kin ɗaga mini hankali."

"Inna, Baba Mushe ne."

Madam Hajara ta ɗago kai da sauri. Mushe Ɗahiru shi ne mahaifin Hashimu mijin Anisa, tsohon malamin lakwal, wato makarantar boko, shi ya sa ake ce masa Mushe. Ya yi ritaya, matarsa ta rasu shekara shida da suka wuce.

"Me ya same shi?"

"Ba abin da ya same shi. Jiya ya kira Baban Aminu, ya ce ya ji Kawu Tanko zai ɗauke ki daga garin nan. Ya ce shi... ya ce ya daɗe da magana a ransa, kunya ce ta hana shi. Inna, wai ke yake so ya aura!"

Madam Hajara ta ji wani zafi ya taso mata daga wuya zuwa kunnuwa. Ta sunkuyar da kai tana gyara wa jikanta riga, rigar da babu abin da ya same ta.

Bara ne, da ƙyanda ta kama Aminu aka kwantar da shi a asibitin Damagaram, ita da Mushe Ɗahiru suka yi kwana tara suna wuni a benci ɗaya ƙarƙashin bishiyar dogon yaro. Ranar farko kowa ya ba ɗan'uwansa rabin baya, kamar yadda surukai ke yi. Rana ta uku ya tambaye ta haihuwar da ta fi ba ta wuya a duk aikinta. Ta soma ba shi labari a taƙaice, sai ta ga ya ajiye jaridarsa yana saurare. Kashegari ya tambaye ta sunan yarinyar da aka haifa ɗin, da ko ta rayu. Shi kuma ya ba ta labarin ranar da 'yan ajinsa suka sa masa kwaɗo a aljihun tebur, ya buɗe a gaban mai duba makarantu. Ta yi dariya har da hawaye, a tsakiyar asibiti, jikanta na kwance. Tun da suka dawo, tsakaninsu sai gaisuwa daga nesa, sai lemon tsami na lambunsa da yakan ba Anisa ta kawo mata.

"Inna, kin yi shiru."

"Ina jin ki."

Anisa ta kama ƙafafunta. "Don Allah, don Annabi, kar ki yarda. Ki dube ni. In kika aure shi, ke ce uwata, ke ce kuma uwar mijina. Ran da Baban Aminu ya ɓata mini rai, gidan wa zan yi yaji? In taho nan in tarar da babansa a tabarma yana shan fura? Wa zan kai wa ƙara? In kin goyi bayana a ce kin yi son kai, in kin goyi bayansa ni kuma na rasa uwa!"

Duk da halin da take ciki sai da Madam Hajara ta murmusa. "Wato tun yanzu kin tanadi yajin."

"Inna, ba wasa nake ba!" Kukan ya ƙaru. "Ƙawayena har sun fara. Wai Aminu zai rasa ko gidan kakarsa ta wajen uwa zai ce, ko ta wajen uba. Ku da kuka girma, me kuke nema kuma? Me ya rage?"

Wannan kalmar ta soke ta. Ta ɗago ta dubi 'yarta sosai.

"Me ya rage? Anisa, kai ne ke yin furfura, zuciya ba ta yi. Ran da kika kai shekaruna za ki gane."

Anisa ta tsaya cak, hawaye na bin kumatunta. "Inna... kina son sa ke nan?"

Madam Hajara ta kawar da kai. Tumaki suka yi ta tauna harawarsu, rediyo na sanarwar rasuwa da ɗaurin aure. Sai ga hawaye ya gangaro mata ita ma, ta sa bayan hannu ta share da sauri.

"Wayyo Allah na," in ji Anisa, ta kifa kai a cinyarta.

Madam Hajara ta dafa kanta tana shafawa, kamar lokacin da take ƙarama. "Tashi ki wanke fuskarki. Abu ɗaya zan faɗa miki, ki riƙe. Ƙofar gidan nan ba za ta taɓa rufuwa a gabanki ba saboda wani namiji, ko wane ne shi. Sauran kuma ki bar mini, ni ma ban gama sanin abin da ke raina ba."

* * *

Ranar kasuwa ta zagayo. Ko cokali Madam Hajara ba ta ɗaure ba. Ta share gidanta, ta yi wanka, ta ɗaura atamfarta mai ruwan ganye. Sau biyu tana canza ɗankwali, tana yi wa kanta tsaki.

Da hantsi ta ji an jingina keke a jikin katanga, aka yi sallama a hankali, aka kuma jira.

Mushe Ɗahiru ne, siriri, da farar riga mai guga da tabarau. Ya zauna a bakin zaure can nesa da ita, ya cire hula ya mayar, ya sake cirewa.

"Madam, kin kwana lafiya?"

"Lafiya lau, Mushe."

"Anya? Idonki bai nuna ba."

Ta yi 'yar dariya. "To, ban yi barcin kirki ba."

"Ni ma haka." Ya yi gyaran murya. "Na san yaran sun riga ni. Na tsara magana tun jiya, har na rubuta a takarda kamar mai shirin darasi, ga shi duk ta gudu. Madam, shekarata sittin da huɗu. Ba ni da mota, sai keke da lambu. Lafiyata ƙalau, ban zo da kwalin magani ko ɗaya ba, kina iya caje aljihuna."

"Har wannan labarin ya kai gare ka?"

"Matameye ce fa." Ya murmusa, sannan fuskarsa ta natsu. "Tun daga bencin nan na Damagaram, duk abin da na gani mai ban dariya sai in ce, da Madam na nan. Shi ke nan abin da ke raina. Ina son ki da aure. Ba sai kin bar gidanki ba, in kin fi son haka. A yi irin na ɗauki-sandanka, ni in riƙa zuwa, ke kina ɗakinki."

Zuciyarta na bugawa kamar ta budurwa. Ta murza gefen mayafi.

"Mushe, ba zan ɓoye maka ba. Duk waɗanda suka zauna a zauren nan, kai kaɗai ne na canza wa ɗankwali."

Ya sunkuyar da kai.

"Amma ka saurare ni har ƙarshe. Ina da shekara goma sha tara aka kai ni ɗaki. Marigayi mutumin kirki ne, Allah ya jiƙansa, bai taɓa zagina ba. Amma shekara ashirin da tara ban taɓa cin abinci da zafinsa ba. In na dawo daga aiki a gajiye, ga tuwo, ga baƙi, ga yara. Ban san ina son kwaɗon zogale da yaji mai yawa ba sai bayan da na zauna ni kaɗai, don shi ba ya cin yaji. Ka ji abin kunya, mace ta kusa hamsin ba ta san abin da bakinta ke so ba." Ta ɗago ta dube shi. "Mutane suna ganina suna cewa, Allah sarki, kaɗaici. Wallahi Mushe, ba kaɗaici nake ba. Hutawa nake. Kuma ina tsoron in saki wannan hutun, ko don kai."

"Kukan Anisa ne?"

"Yana ciki. Amma ko da ta yi guɗa, abin da zan faɗa maka ke nan."

Ya cire tabarau ya goge da bakin riga, ya daɗe yana gogewa. Ta ga idonsa ya kaɗa, sai nata ya cika.

"Ka yafe mini."

"Babu laifin da kika yi. Tambaya ɗaya gare ni, irin ta malamin lakwal. Ni ne ba kya so, ko auren?"

"Auren. A yanzu dai."

"A yanzu dai," ya maimaita a hankali, kamar mai ɗanɗana kalmar.

Kafin ya ƙara wani abu, ƙarar kamiyo ta cika lungun, aka danna oda har sau uku. Alhaji Tanko ya shigo da sandarsa, ya yi turus da ya ga baƙo.

"A'a, Mushe? Lafiya dai? Ko yaran ne?"

"Lafiya lau, Alhaji. Sannu da hanya."

Alhaji Tanko ya leƙa tsakar gida, ya ga tukwane a murhu, shanya a igiya, komai a inda yake. Fuskarsa ta haɗe.

"Hajara, ina kayan?"

Ta miƙe tsaye. Tun tana yarinya ba ta taɓa mayar masa da magana irin wannan ba.

"Yaya, kai ne ubana tun da Baba ya rasu, ban taɓa ƙetare maganarka ba. Yau ina roƙonka ka yafe mini. Ba zan je Ɗan Barto ba. Gidan nan da gumina na gina rabinsa, a nan na haifi 'ya'yana, a nan nake so mutuwa ta same ni."

"Kin kori Alhaji Muntaka, har yana ce wa mutane kin yi masa dariya! Yanzu kuma ni za ki kunyata? Na ɗauko mota tun daga ƙauye, kowa ya ga fitowata. In koma da ita wayam in ce me?"

"Ka ce ƙanwarka tana lafiya."

"Mace ba miji, ba mai nema, ba kowa a gida! Wallahi..."

"Alhaji, kar ka rantse," in ji Mushe Ɗahiru. Ya taso ya durƙusa a gabansa, duk da furfurarsa. "Ka gafarce ni, akwai gyara a maganarka. Tana da mai nema. Dama daga nan wurinka zan wuce, sai Allah ya kawo ka. Ina neman izininka in nemi auren Madam."

Sandar Alhaji Tanko ta kusa faɗuwa. Ya dubi Mushe, ya dubi ƙanwarsa, ya sake duban Mushe.

"Kai? Surukinta?"

"Na tambayi malamai, sun ce babu haramci. Kunya ce kawai, ita kuma na haɗiye ta da safen nan."

"Ikon Allah." Ya juya. "Ke kuma kin amince?"

Madam Hajara ta dubi Mushe Ɗahiru. Bai yi mata alama ba, bai roƙe ta da ido ba, yana durƙushe yana jira kawai.

"Ban ce zan aure shi ba, Yaya. Na faɗa masa gaskiya, ga shi nan. Amma in nema ne, na yarda ya nema. Shi kaɗai."

"Ka ga ke nan, Alhaji," in ji Mushe, "ba a nema cikin nema, sai a daina turo mata kowa. Kuma ba a ɗauke mace daga gari a bar mai nemanta da keke. Batun zazzaɓin da ya kwantar da ita da damina kuwa, hanyar lambuna ta ƙofar nan ta bi. Kowace safiya zan tsaya daga waje in yi sallama. In ba ta amsa ba, in tara unguwa."

Alhaji Tanko ya zauna daɓas a kan dakali. Ya ja gemu, ya ja numfashi.

"To yaushe za a sa rana?"

"Sai ran da ta ce."

"In ta kai shekara ba ta ce ba fa? Ka san halinta kuwa? Wannan tun tana ƙarama in ta ce a'a, ko jaki ya fi ta sauƙin ja."

"Alhaji, shekara talatin da huɗu na yi ina koya wa 'yan aji ɗaya baƙaƙe. Akwai yaron da sai da ya shekara biyu kafin ya bambance harafin 'ba' da harafin 'da'. Ban taɓa korar ko ɗaya ba."

"In ba ta taɓa cewa ba fa, har abada?"

Mushe ya gyara tabarau. "To na sha hira. Ba asara."

Dariyar da Alhaji Tanko ya yi mako guda yana riƙewa ta ɓalle, har yana buga sanda a ƙasa. "Tsofaffin banza! Ku biyun duk ba ku da hankali. Allah ya sa alheri." Ya miƙe yana share ido. "Motar nan kuwa ba za ta koma wayam ba. Hajara, kawo buhun gyaɗa ɗaya, in samu abin nuna wa mutane."

Da kamiyon ya tafi, Mushe Ɗahiru ya kama kekensa, ya tsaya yana wasa da ƙararrawa.

"Madam, wace rana mai nema zai riƙa zuwa zance?"

"Alhamis, bayan la'asar. Ka zo da labari. Ran da ka ɗauko maganar aure, fura ma ba za ka samu ba."

"Na ji. Sai Alhamis."

Ta tsaya har ya sha kwana, sannan ta rufe jar ƙofarta ta jingina da ita. Gidan shiru, fes, nata ita kaɗai. Ta ji wani daɗi ya cika mata ƙirji har ta rasa na mene ne a ciki, na wanda ya tafi ko na abin da aka bar mata.

Ba ta kai ga tabarma ba sai ga kan Balki maƙwabciyarta ya ɓullo ta saman katanga, ta taka turmi, ido waje.

"Madam! Tun ɗazu nake nan, ƙafata har ta sage, rabi kawai na ji. Ki faɗa mini don Allah, an sa rana?"

Madam Hajara ta kwance ɗankwali ta jefa kan igiya, ta miƙe ƙafa a inuwa.

"An sa, Balki."

"Ayyururui! Yaushe?"

"Kowace Alhamis."